Yadda Majigi Ya Kusa Kashe Wa Inna Kasuwar Masa

Jikata na kallon fim a waya tana tsine wa muguwar ciki, na yi dariya har na sarƙe. Yaya Ladi ce ta faɗo mini a rai.

Gab da samun 'yancin kai, masu majigi suka zo Bauchi ɗaukar fim ɗin tsafta, suka sa Yaya ta fito a ƙazamar mai abinci. Ta kuwa zage: ta fyace majina, ta tsoma hannun a ƙullu.

Da aka haska fim ɗin a unguwar Wunti, washegari ba wanda ya tsaya gaban tandar Innarmu. Masar nan kuwa da ita muke ci.

Inna ta tare Malam Buba mai shanu, wanda kullum yake sayen masarta: "Malam, yau azumi kake?"

Ya ce, "Inna, da idona na ga 'yarki. Ni da masarki sai gaisuwa."

"Wasa ne fa!"

"Majinar ma wasa ce?"

Inna ta kamo kunnen Yaya: "Tunda kin iya wasa, zo ki yi na sabulu." Ta dasa ta bakin tanda da buta, tana wanke hannu tana yanga. Jama'a suka taru kallon ƙazamar majigi ta tuba, masa ta ƙare tun hantsi.

Yaya ta tsufa tana wasan dandali da talabijin, amma ta ce wannan ne babban wasanta, don shi kaɗai ta yi Inna na tsaye da muciya.

Ku fa, wane ɗan wasa kuka taɓa ƙullata kamar da gaske?