Kwanar da Pocho Bai Jiƙa Ba

Kafin motar madara ta wuce, Don Hilario Zabalza ya riga ya ɗaga ƙofar garejinsa da ke bayan rumbunan alkama na garinmu, Tres Caldenes. Shara yake fara yi, ko da babu abin sharewa. Sannan ya ɗora buta a wuta, ya jawo kujeru biyu bakin ƙofa, ya ɗebi ganyen mate, shayin da muke sha a nan, daga cikin wani ƙaton kofin tsere mai kunnuwa biyu da ke zaune a kan benci cikin sufanu, ya cika ƙoƙonsa. Baƙo kan yi mamakin ganin kofi irin wannan ya koma mazubin ganye, alhali ga wata 'yar kanta a jikin bango, gogaggiya, wayam. Mu 'yan gari mun daɗe da daina mamaki.

Lahadi mai zuwa zai miƙa wa 'yarsa Amparo makullan garejin da motocin tsere biyu na ƙungiyarsa. Shi ya sa na ce bari in yi magana tun yana ji da kunnensa, domin mu nan ba mu cika iya yabon mutum ba sai an rufe shi da ƙasa.

Fiye da shekara talatin ya yi yana tsere a filayen turɓaya na yankinmu. Motarsa ta farko tsohuwar motar gida ce, ya cire mata kujeru, ya yi mata keji da bututun ƙarfe. Bai taɓa taka manyan filayen kwalta da ake nunawa a talabijin ba. Shi ne direba, shi ne mai ƙungiya, shi ne mai jan tirela, mahaucin gari da mai walda kuma su ne kanikawansa bayan sun tashi aiki. Ya ci tsere ba iyaka, amma kofin shekara ya ƙi shi. Kantar nan tun yana da baƙin gashi ya kafa ta domin kofin. Sau tari yakan zo na biyu, kuma kusan kullum a bayan mutum ɗaya, Celestino Aranguren na Médano Chico, wanda ba sa ga maciji da juna tun suna samari.

Shekarar da nake son ba ku labarinta, an zo tseren rufe shekara a filinmu Celestino yana gaba da 'yan maki kaɗan. Lissafin ba wuya. In Hilario ya riga shi tsallake layi, kofi nasa ne. In ba haka ba, ko da dukansu biyu sun tsaya a hanya, na Celestino ne. Gwiwar Hilario ta fara gardama a lokacin, kowa ya san wannan ce damarsa ta ƙarshe.

Ranar iskar arewa ce, mai zafi, mai shanye ruwa. Ƙa'ida ce kafin tseren ƙarshe tankar ruwa ta zagaya ta jiƙa fili kaf. Pocho, direban tankar, ya jiƙa ya jiƙa, saura kwanar ƙarshe da ke bayan itatuwa, sai aka ɗaga murya daga wurin gashin nama cewa haƙarƙari ya nuna. A wurinmu nama ba ya jiran kowa. In mai gashi ya ce ya yi, ko limamin coci sai ya gajarta addu'a. Pocho ya juya tanka ya nufi hayaƙi.

Hilario ya same shi da ƙashi a hannu, maiƙo har gwiwar hannu.

"Pocho, kwanar bayan itatuwa fa?"

"Ai na ba ta ruwa da safe, Don Hilario."

"Da safe? Da wannan iskar? Ajiye ƙashin nan ka je ka jiƙa ta."

"Yanzun nan, bari in ƙarasa wannan."

Celestino da ke wucewa da hular kwano a hammata ya tsaya ya kwashe da dariya. "Ka ji tsoho, tun ba a tashi ba ya fara tara hujja! Bar bawan Allah ya ci namansa. In ƙura kake tsoro, ai tawa za ka sha, ka saba."

"Allah ya kai mu kwanar," in ji Hilario.

Sai lasifika ta kira motoci. Amparo tana ɗaure masa bel ta ce, "Baba, ka je ka gaya wa alƙalai su dakata."

"Su ce na tsorata? Rufe ƙofa, yarinya."

A nan kai ma ka yi kuskure, Don Hilario, kuma kai ka fara faɗin haka da bakinka, shi ya sa ban ɓoye ba.

Aka saki motoci. Tun zagayen farko kwanar ta fara tonuwa, kowace taya ta wuce sai ta ƙara zurfin ramin. Ƙurar da ke tashi a wurin ba ta sauka, itatuwa sun tare ta. Mu da ke jikin wayar shingen fili muna ganin motoci su shiga su ɓace, mu riƙe numfashi, mu ƙirga su in sun fito. Celestino a gaba, Hilario manne da shi, sauran can a baya a dunƙule. Amparo tana bakin hanya tana cizon ɗan yatsa har ya yi jini ba ta sani ba.

Zagayen ƙarshe, hancin motar Hilario yana shafar bayan ta Celestino. Celestino ya ƙi ɗaga ƙafa daga totur, ya faɗa kwanar da dukkan gudunsa. Tayar gaba ta zurma rami. Motar ta tashi, ta yi adungure, ta faɗo a kife a tsakiyar hanya, ɓangaren direba yana fuskantar masu zuwa.

Ta gefen ciki akwai rata, daidai wucewar mota ɗaya. Bayan ratar 'yar miƙaƙƙiyar hanya ce, ga mai tutar ƙarshe can a tsaye. Abin da Hilario ya shekara talatin yana nema yana gabansa, ba wanda zai ce masa don me. A bayansa kuwa motoci fiye da goma suna tahowa a makance, mai tutar gargaɗi yana ta kaɗawa cikin ƙura ba mai ganinsa.

Daga baya ya gaya wa Amparo cewa shi bai ga ratar sosai ba. Hannun Celestino ya gani ta ragar taga, yana motsi.

Ya taka birki, ya murɗa sitiyari, ya gitta motarsa a gaban ƙofar Celestino, ya riƙe.

Pocho ne shaida, domin kunya ta sa ya bar nama ya zo jikin itatuwa ya tsaya. Ya ce mota ta farko ta daki ta Hilario har ta ɗaga, ta biyu ta zo ta ƙara, sauran suka watse cikin ciyawa. Amparo ta tsallake waya da gudu.

"Baba! Baba, yi magana!"

"Daina ihu, ina jin ki. Wancan jakin yana numfashi?"

Pocho ya leƙa yana kuka. "Yana numfashi, Don Hilario."

"To ku fara da shi."

Celestino ya karye a ƙafa, ya rayu. Hilario ya karya haƙarƙari, kafaɗarsa kuma ba ta sake yarda ya riƙe sitiyarin tsere ba. A gadon asibiti aka kai wa Celestino kofin. Da muka koma gida ranar, ba zan yi ƙarya ba, akwai waɗanda suka yi gunaguni, suna cewa ai da ya wuce ta ratar. Mahauci ne ya rufe bakinsu. Ya ce, "Da ya wuce, da gobe jana'iza za mu je da kofi a hannu."

Kai ne wanda bai zauna jinyar baƙin ciki ba, Don Hilario. Da hannu a rataye ka koma gareji, ka ɗora wasu a motocinka, ka koya musu. Ba ka taɓa aibata Pocho a gaban mutane ba. Abin da ka yi shi ne, tun daga ranar motarka ba ta shiga fili sai ka hau tankar ruwa kusa da direba kun zagaya tare, nama ya nuna ko ya ƙone. Yau duk filayen yankin nan haka ake yi, yawancin masu yi ma ba su san inda abin ya samo asali ba.

Da Celestino ya fara takawa da sanda, ya shigo garejin da kofin a rungume.

"Ungo, naka ne."

"Ni na tsallake layi? Ɗauke kayanka."

"Ba zan koma da shi ba."

"To ba zai hau kantata ba."

Suka tsaya suna hararar juna. Can Celestino ya jawo ƙunshin ganyen mate daga kan benci, ya juye shi duka a cikin kofin. "Shi ke nan, ya samu aiki. Ɗora buta."

Mun gode, Don Hilario, garkuwar Tres Caldenes. Ku kuma samari masu ɗokin totur, ku je garejin nan kafin Lahadi ku ga mutumin da ya san lokacin taka birki, ku ɗauki abin da za ku iya ɗauka.

Kantarka wayam take, gaskiya ne. Abin da ka ciwo ranar nan ba ya zama a kan kanta. Kowace safiya da ƙafarsa yake zuwa, yana ɗingishi, ya zauna a kujera ta biyu, ya zuƙi mate, ya ce har yau ba ka iya dafa ruwa ba.