Kusurwar Gonar Mailafiya

A Gangara ta Damargu kowa ya san Mailafiya, manomin gero mai rowar magana. Gonarsa da tawa iyaka ɗaya, kuma shekara ashirin ban ji ya haɗa zance uku a zama guda ba. Matarsa Hajjo takan ce da bakinsa rumbu ne, da gara ba ta taɓa samun ƙofa ba.

A gabashin gonar akwai wata kusurwa, faɗinta bai wuce tabarma huɗu ba, wadda hauya ba ta taɓa shiga ba. Kakansa da ya sari dajin ya bar wa iskoki masu wurin wannan kusurwa, bisa sharaɗi biyu: a zuba musu nono kafin shuka, kuma kada bakin ɗan gidan ya ambace su. Muddin an kiyaye, gona ta 'yan gidan ce. Ko shekarar da gerona ya ƙone, nasa kore shar.

A 1964 ma'aikatan gwamnati suka iso da wayar tarho. Shugabansu, wani Ila, mutumin kirki ne, kuma kirkin nasa ne ya jawo abin.

"Baba, doka ta ba ka hakki," in ji Ila. "Ba za mu ɓata maka shuka ba. Ga fili can ba komai, can za mu kafa turke. In ba ka yarda ba, ka faɗi dalili a rubuta."

Mailafiya ya dubi kusurwar, ya dubi ƙasa. Ina tsaye haushi kamar ya kashe ni, amma ba maganar gidanmu ba ce. Ila ya ɗauki shirun a kan yarda. Kafin azahar turken ƙarfe ya tsaya.

Waya takan yi kuka in iska ta kaɗa, kowa ya sani. Wannan kuwa da rana tsaka take yi, ko ganye ba ya motsi. Jakuna suka daina bi ta wajen. Nonon da Mailafiya ya zuba a gindin turken ya kwana uku ƙasa ba ta shanye ba, ƙuda ma bai sauka a kai ba. Ni dai tsoro ya kama ni, ba zan ɓoye ba.

Da gero ya fara rawaya, ya ce in raka shi Tanut. Ko Hajjo ba ta san inda muka nufa ba. A biron kwamanda, wato ofishin mai mulkin yankin, ya roƙi a cire turken, magatakarda ya ɗauki alƙalami.

"To malam, mene ne dalilin?"

Mailafiya ya buɗe baki zai faɗa. Sai tarhon da ke kan tebur ya yi ƙara. Magatakarda ya ɗauka, ya saurara, ya dube mu.

"Waye Mailafiya jikan Tanko? Kai ake nema."

Mu kuwa ba mu faɗi sunan kakan ba. Mailafiya, wanda bai taɓa riƙe tarho ba, ya kara shi a kunne ya daɗe. Da ya ajiye, sai ya dubi magatakarda.

"A bar turken inda yake," ya ce. "Ba ni da gona a can."

Bai girbe geron ba, kuma ba wanda ya nemi aron wurin. Ya yi shekara tara yana ƙwadago a gonata har Allah ya karɓi abinsa. In noma ya kai mu kuyyar da ke iyaka da tsohuwar gonarsa, sai ya juya baya ya ce in ƙarasa.