Armel Kerbrat, Wanda Ya Ƙi Ɓoye Fuskata

Kafin kowa ya iso wurin ɗaukar fim, Armel Kerbrat ya riga ya zo, burodi a hammata, yana juya tafin hannunsa a sama don ya ga yadda hasken ranar ke sauka. Shekara arba'in yana bayan kyamara, daga garin Brest har Paris a Faransa, sunansa kuwa sai can ƙarshen fim, lokacin da 'yan kallo ke laluben rigunan sanyinsu. Ranar Juma'a zai ajiye aiki. Ni Odile, 'yar wasan da ya fi shan masifarta, ba zan yi shiru ba.

Masu jan wayar fitilu shaida ne: bai taɓa cin abincin rana a teburin manya ba. Cikinsu yake zama, yana wawure musu cuku yana kushe gahawarsu.

Bayan na yi ciwon shanyewar ɓarin jiki, bakina ya karkace ta hagu. Na koma aiki ina sane cewa in fim ɗin da za mu ɗauka ya ƙi ni, ni da wasa sai a lahira. Daraktanmu Thibault, mai kirki amma matsoraci, ya ce a ɗauke ni ta dama kawai, hagun a bar shi cikin duhu.

Armel ya ce, "Rabin mace ka ɗauka aiki? To nemo mai rabin kyamara."

Ya jawo fitila ya dasa ta hagu. Na ce, "Kai tsoho, kashe abin nan! So kake a yi mini dariya?"

"Ke dai faɗi maganarki, uwar masifa. Da ma can ba don kyau ake kallonki ba."

Wallahi sai dariya ta ƙwace mini da karkataccen bakin nan, ashe ɗan banzan ya riga ya kunna kyamara. Thibault ya kalli abin da aka ɗauka, ya sake kalla, bai yanke wurin daga fim ɗin ba.

Armel, kai ne bango madafar mai faɗuwa. Na gode, ina kuma ƙaunarka har zuciya. Ku matasa masu riƙe kyamara, ku koyi duban mutum ɗungurungum kamar yadda yake yi.

Akwai abin da ban taɓa gaya maka ba. Tun da na kwanta ciwo na lulluɓe duk madubin gidana. A allon sinima na fara ganin sabuwar fuskata, cikin haskenka, kuma ban kau da kai ba.