Ƙahon Barewar Kaka

Duk sanda ruwan farko ya taɓa bangon ƙasa, ƙamshin nan ya tashi, sai kunya ta kama ni, ko da yake shekara arba'in ta wuce.

Kakana maharbi ne a wani ƙauye kusa da Zurmi. Da ya ajiye baka, sai ya koma zana namun daji a bangon zaurensa ta waje, da jar ƙasa da farar ƙasa da gawayi. Wadda ya fi so barewa ce, ta ɗaga ƙafa ɗaya, kunnuwa a tsaye. Damina ta wanke ta, da rani ya sake zanawa. Ina tsokanarsa cewa akuya ce ta rame, shi kuma ya ce, "Amaryata, wagga ita ta ƙarshe da nig gani cikin daji. Ban iya harbinta ba."

Wata shekara hannunsa ya fara rawa, har cokali ya gagare shi. Ya san in ruwa ya cinye wannan, babu wata. Sai ya sa kawuna ya ɗauko mai hoto daga Kaura, wani Kirista mutumin kudu mai fara'a, da ke da shago kusa da tashar jirgi.

To, a gidanmu ba wanda aka taɓa ɗauka hoto. Kafin mutumin ya gama kafa na'urarsa, kowa ya sha kayan Sallah. Shi kuma mutane ya saba jerawa. Ya ga bango mai kyau, ya jera mu a gabansa, ya zaunar da kaka a tsakiya. "Ku kauce mata," in ji kaka, amma hayaniya ta danne muryarsa. Ni na ji shi sarai. Ina kan turmi daidai fuskar barewar, ina ji da sabon ɗankwalina, na ƙi motsawa.

Kafin a kawo hoton, ruwa ya sauka sau biyu. Kaka ya daɗe yana dubansa, ya miƙo mini, ya ce, "Kin yi kyau." Bai ƙara zane ba.

Yau dajin ya zama gonaki, zauren ya zama bulo. Hoton yana ɗakina. Jikata ta tambaye ni mene ne waɗannan tsinkaye biyu a saman ɗankwalina. Na ce ƙahon barewa ne. Ta ce, "Mece ce barewa?"