Kunnen Ya'u Mawaƙi

Ranar da aka yi ruwa da ƙanƙara a Gubuchi, Ya'u ya shigo zaurena a jiƙe. Da waƙar biki ya fara sana'arsa, daga baya ya koma haɗa wa masu fim kiɗa. Ya kara mini waya a kunne, ya ce, "Baba, don Allah sarewar nan tana fita? Kunnena na dama ya mutu, na hagun ma yana tafiya. In masu fim suka sani, sun sallame ni."

Shekara biyu ni nake saurara masa, har nawa kunnen ya yi nauyi, masu fim suka gane. Yanzu Ya'u yana Makarfi yana sayar da rake.