Farashi Ɗaya ga Kowa

Mas'udu Abdulhafiz shi ne mutumin da ya ɗauki kasuwancin unguwar Nima ya shigar da shi zamani. Haka aka rubuta a takardar da aka raba a wani taron matasa a Kanda, ƙarƙashin hotonsa sanye da kwat, ya naɗe hannuwa a ƙirji. Shi ya tsara takardar, shi ya kai ta wurin bugawa, kwat ɗin kuma na mai ɗaukar hoton ne. Amma maganar ba ƙarya ce gaba ɗaya ba. Akwai shago guda a Nima da ya shigar zamani, na mahaifiyarsa, kuma shagon bai fito ba.

An haife shi a 1991 a wani gidan haya kusa da babban kwalbatin Nima, shi ne auta cikin 'ya'ya biyar. Mahaifinsa direba ne a tashar Tudu, ya rasu Mas'udu yana aji uku na firamare. Daga nan shagon mahaifiyarsa, Hajiya Rahinatu, shi ya riƙe gidan. Atamfa take sayarwa da leshi da shadda. Shagon ɗan ƙarami ne a bakin titi, ba nisa da kwalbatin, amma a bayansa akwai wani ɗaki mai labule, kuma a nan ake ciniki. Mace za ta shigo, a gaisa, a tambayi yara, a tambayi mai gida, a kawo ruwa. Sai an gama duk wannan Hajiya za ta saki labule, ta matso, ta faɗi kuɗi da muryar da ba ta wuce kunne ɗaya. Shekara talatin tana haka. Daga Nima zuwa Maamobi da wuya a haɗa lefe, ko a fitar da yayi, wato zanen da mata ke ɗinkawa iri ɗaya don biki, ba tare da an bi ta bayan labulen nan ba. Ba ta taɓa rubuta farashi a jikin zane ba. Ba ta kuma taɓa gaya wa wata abin da wata ta biya ba.

Mas'udu ya tashi yana yi wa wannan kallon rashin ilimi. Yana da ƙoƙari a makaranta, ya kuma yi karatun kwamfuta a kwalejin fasaha da kuɗin atamfa. A can ya koyi cewa babbar cutar kasuwa ita ce ɓoye farashi, maganinta kuma intanet. Ya fito da takarda mai kyau, ya yi shekara huɗu yana kai kwafinta ofisoshi. A tsakani ya yi gyaran waya, ya yi wa wani mai maganin gargajiya shafin intanet, ya gwada sayar da takalma ta waya har ya sayar da guda goma sha ɗaya.

Wata rana yana zaune a shagon ya ɗaga wani leshi ruwan zuma.

"Mma, nawa ne wannan?"

"Wa ke tambaya?"

"Ni."

"Kai ba saye za ka yi ba. Ajiye kar ka ɓata shi."

"Ina nufin nawa kike sayar da shi."

"Auta, na ce wa ke tambaya. Ta yaya zan san kuɗinsa ban ga mai saye ba?"

Ya riƙe wannan amsa. Daga baya yakan ba da labarinta a tarukan matasa, kuma ana dariya.

A 2021 gwiwar Hajiya ta ƙi. Aka yi mata aiki, likita ya ce ta yi wata biyu ba ta taka waje ba. 'Ya'yanta mata suna gidajen aurensu, babban ɗanta yana Kumasi, sai ta ba Mas'udu makulli tare da umarni guda uku: ya buɗe, ya share, duk wadda ta zo ya ce ta same ta a gida.

Ya buɗe, ya share. Sannan ya shimfiɗa farin ƙyalle a ɗakin labule, ya yi kwana tara yana ɗaukar hoton kaya, zane ɗari biyu da goma sha huɗu. A cikin wani gwangwanin biskit ya samu rasit-rasit ɗin sarin da Hajiya take yi a Lome. Ya ɗora riba mai sauƙi a kan kowane zane, iri ɗaya, babu zalunci. Ya gina shafi ya sa masa suna Rumfar Hajiya. Mai saye za ta zaɓa, ta biya ta momo, wato ta tura kuɗi ta waya, ɗan okada ya kai mata har ƙofa. A saman shafin ya rubuta da manyan baƙaƙe: Farashi ɗaya ga kowa. Ya tura adireshin shafin ga duk wani zauren waya da yake ciki, ya roƙi yayarsa ta tura wa ƙungiyoyin mata. Bai gaya wa Hajiya ba, yana so ta warke ta tarar da abin mamaki.

Aikin ya yi kyau, wannan ba a musu. A satin farko an leƙa shafin sau dubu uku. An yi oda biyu. Ɗaya ta yayarsa ce. Ɗayar ta wata mata ce a Tema, wadda ta dawo da kayan ta ce launin bai yi kama da na hoto ba.

A sati na biyu Hajiya Mulikatu ta zo dubiya. Mijinta yana da manyan motoci a Tudu, ita kuma ta yi shekara ashirin ba ta sayen zane a wurin kowa sai Hajiya Rahinatu. Ta zo da lemu cikin leda, ta zauna a bakin gado, ta tambayi ƙafa, ta yi addu'a. Sannan ta buɗe jaka ta fito da waya.

"Jikata ce ta nuna mini wannan. Ba leshin da na ɗauka da ƙaramar Sallah ba ne?"

Hajiya Rahinatu ta nemi tabarau, ta duba. Ta ga leshinta, ta ga sunan rumfarta, ta ga lamba a ƙasa.

"Sidi ɗari shida," in ji Hajiya Mulikatu. "Ni dubu da ɗari ɗaya na ba ki. Har kika riƙe hannuna kika ce kin rage mini."

"Hajiya, zauna mu yi magana."

"A zaune nake ai. Shekara ashirin a zaune nake." Ta miƙe ta gyara mayafi. "Allah ya ƙara sauƙi. Lemun yana da zaƙi, a kasuwar Malam Atta na saya. Ban san ko su ma sun rage mini ba."

Ta haka Hajiya Rahinatu ta san tana da shafin intanet. Da la'asar ta aika aka kira shi.

"Auta, me ka yi?"

"Mma, gaskiya kawai na rubuta."

"Wa ya tambaye ka?"

Ya yi mata bayani mai tsawo, har da misalan ƙasashen waje. Ta saurara har ya gama, sannan ta ce ya miƙo mata buta.

Bayan kwana uku sai ga Nasiha, mai sayar da koko a bakin lungunsu. Mijinta ya rasu ya bar ta da 'yan mata uku, kuma kowace Sallah takan zo ta ɗaukar musu atamfa. Ba ta zauna ba. Ta tsaya daga ƙofa riƙe da leda, a ciki akwai atamfar da ta saya ba a kai wa tela ba tukuna.

"Hajiya, an ce wannan ɗari biyu da ashirin ne."

"Waɗannan abubuwan yara ne, Nasiha. Shigo."

"Ni casa'in na ba ki. Kullum in na koma gida sai in ce wa yara, ku dubi uwarku, ta iya ciniki, har Hajiya ta gaji ta sallama."

"Kin iya mana."

"Ashe sadaka nake karɓa shekara bakwai." Ta ajiye ledar a kan kujera a hankali. "Da na san sadaka ce da na yi godiyar da ta dace. Amma ban roƙa ba, Hajiya."

Ba ta karɓi kuɗinta ba. Tun daga ranar a kasuwar Makola take sayen atamfa, a hannun matan da ba su san sunanta ba, kuma tana biyan fiye da ɗari biyu da ashirin.

Mas'udu ya ga wannan duka ya tabbatar da maganarsa. Ga wadda aka ƙara wa, ga wadda aka rage wa, ga kuma farashin gaskiya a tsakiya wanda babu wadda ta taɓa biya. Lissafinsa daidai ne. Abin da bai shiga lissafin ba shi ne, ƙarin da Hajiya Mulikatu take biya shi ke tufatar da 'yan matan Nasiha, kuma su biyun suna fita daga bayan labule kowacce tana ganin ta yi nasara.

Sai aka zo bikin wata yarinya Latifa a Maamobi, ranar wata Lahadi, an toshe titi da rumfuna da kujerun roba. Aka buɗe akwatunan lefe a gaban mata. Gwaggon ango tana ɗaga kaya ɗaya bayan ɗaya tana faɗin asalinsu. Ta ɗaga wani leshi shuɗi ta ce wannan daga Dubai aka zo da shi, ƙanin ango ne ya ɗauko da hannunsa. Wata ƙawar amarya mai suna Shamima, wadda take zaune a layi na biyu, ta sunkuya a kan wayarta na ɗan lokaci, sannan ta miƙa wa ta kusa da ita. Wayar ta bi layi har ta kai hannun uwar amarya.

"Dubai ɗin tana kusa da kwalbati ashe," in ji wata daga baya.

An ɗaura auren dai. Amma dangin ango sun tafi ba su taɓa shinkafar ba, kuma kafin Lahadi ta zagayo duk Maamobi ta san abin da aka kashe a kan kowane zane da ke akwatin Latifa.

A nan shafin ya samu aikinsa na gaskiya. Duk ranar Lahadi, daga azahar zuwa la'asar, masu leƙa shi sukan ninka sau biyar. Mas'udu yakan ga layin da ke nuna yawan masu leƙawa yana hawa a kwamfutarsa, ya ɗauki hotonsa ya ajiye a matsayin shaidar ci gaba. Babu mai saye. Dubawa ake yi. Kuma babu uwar da za ta haɗa wa ɗanta lefe a shagon da kowace yarinya mai waya za ta iya karanta kuɗin kayansa a gaban surukai.

A sati na biyar, bayan yayarsa ta zo ta yi masa kuka, ya goge farashin ya rubuta a kira don jin kuɗi. Sai dai mata sun riga sun ɗauki hoton kowane shafi, kuma hotunan suna yawo a wayoyi, ba su san an goge su ba.

Hajiya ta warke ta koma shago da sanda. Ta wanke labulen, ta rataye. Mata suna wucewa suna gaishe ta daga bakin ƙofa cikin ladabi, suna tambayar ƙafa. 'Yan kaɗan da suka shiga sun shiga ne da lambar a kansu. In ta faɗi sama da ita, cuta ce. In ta faɗi ƙasa da ita, an raina su. In ta faɗi daidai da ita, sai su dubi labulen su dubi ruwan da aka kawo musu, su rasa dalilin zaman. Ta je Lome ta saro sababbin kaya da babu hotonsu ko'ina. Hakan bai taimaka ba, domin yanzu kowa ya san yadda take yi, kuma kowace mace tana zaune tana tunanin ita a wane ɓangare aka sa ta.

Ta gwada bin gidaje, abin da ta bari tun tana budurwa. Ta hau lungunan Nima da sandarta, ɗaurin kaya a hannun wata 'yar dako. An karɓe ta da mutunci a ko'ina. An shimfiɗa mata tabarma, an kawo ruwa mai sanyi, an yaba kayan. A gidan Hajiya Mulikatu har abinci aka zuba mata ta tafi da shi.

A ƙarshen 2023 ta mayar wa mai ginin makullin shagon. Ba ta taɓa yi wa Mas'udu faɗa ba. Tana ci gaba da ajiye masa tuwo, tana tambayarsa ko ya yi salla. Abin da ya canza kawai shi ne yanzu da sunansa take kiransa, kamar yadda malamansa na makaranta suke yi. Yawancin yini tana zaune a tsakar gida kusa da igiyar shanya. In wata maƙwabciya ta shanya sabon zane, takan kai hannu ta murza gefensa da yatsa biyu, ta saki.

Mas'udu yana da shekara talatin da huɗu yanzu. Yana koya wa matasa tallar kaya a intanet a wani ɗaki da ke saman kantin magani, ranar Asabar. A darasi na uku yakan kawo Rumfar Hajiya a matsayin misali. Yakan nuna layin nan mai hawa, ya ce tunanin daidai ne, Nima ce ba ta shirya ba. Ɗalibai suna rubutawa. Wani lokaci in ya zo wurin amsar da mahaifiyarsa ta ba shi a kan leshin ruwan zuma, yakan tsallake ta.

Kayan da suka rage sun yi wata takwas a ƙarƙashin gadon Hajiya, har suka fara warin ajiya. Daga ƙarshe babban ɗanta ya zo daga Kumasi ya sallamar da su gaba ɗaya ga wani ɗan Nijar mai suna Ishawu, cikin masu yawo da atamfa a kafaɗa. Ishawu ya bi da su lungunan Nima da Maamobi, ya sayar da su duka cikin sati uku.