Tatsuniyar da Iya Ba Ta Rufewa

A ƙauyenmu da ke gindin duwatsun Doguwa, sanyin damina har cikin ƙashi yake shiga. In an idar da sallar isha'i ruwa yana tsugawa, sai mu jikoki mu taru a madafin Iya, kakarmu ta wajen uba, mu kewaye murhu muna gasa masara. Iya 'yar gajeriya ce, ga faɗa ga tsokana, kuma ni ta fi sa wa ido. Kullum cewa take bakina ya fi hannuna aiki. Ban taɓa musa mata ba, don gaskiyarta ce.

Tatsuniyoyinta duk na dariya ne, ban da guda ɗaya. Ita wannan ba a roƙonta. Ran da ta ga dama, sai mu ga ta ajiye masararta ba ta ci ba, ta iza wuta, ta ce, "Ga ta nan, amma ba taku ba ce, aro zan ba ku." Mu kuma mu amsa ƙasa-ƙasa, kowa yana matsowa kusa da ɗan'uwansa.

Wai wani matafiyi ne aka ɗauka a jirgin ruwa, aka kai shi ƙasar da ake yaƙi a cikin kurmi. Rannan ya ɓace wa 'yan'uwansa. Yana cikin bulayi sai ya tarar da wani siririn mutum mai laushin gashi jingine da bishiya, an harbe shi a ciki. Wannan ba ya jin yaren wancan. Mutumin ya nuna gorar ruwan da ke kafaɗar matafiyi, alhali kurɓi ɗaya ya rage a ciki. Matafiyi ya tsaya jim, sannan ya durƙusa ya ba shi. Da mutumin ya sha, sai ya damƙe masa hannu, ya shiga rera wasu kalmomi yana maimaitawa, ya ƙi sakinsa har sai da ya iya su. Sannan ya cika, idonsa a buɗe. Matafiyi ya dawo gida, ya yi aure, ya kama noma. Amma duk daren da ruwa ya sauko, mutumin nan sai ya zo ya tsaya a bakin ƙofa, jiƙe sharkaf, yana jira a biya masa karatunsa.

A nan Iya take rera waƙar. Ba Hausa ba ce, ba Fulatancin da muke ji a ruga ba ne, ba kuma Larabcin makarantar allo ba. Kalmomi ne dogaye masu birgima a baki. Tana yi muna amsawa, kuma wallahi babu mai yarda ya waiwaya ya kalli ƙofa.

Daga nan sai ta yi shiru. Babu ƙurunƙus, babu kan kusu. Na taɓa ce mata, "Iya, ba ki rufe ba."

Ta ce, "Ke dai mai baki. Ƙarya ake rufewa. Ku tashi ku kwanta."

Sai da na soma girma mahaifiyata ta gaya mini cewa matafiyin nan Baba Soja ne, mijin Iya, wanda ya je ƙasar Bama a yaƙin duniya na biyu, ya zauna a Indiya. Ya rasu ina goye. Da ciwon ajali ya kama shi, Iya ta yi ta laƙƙana masa kalmar shahada, ya kuwa karɓa. Amma can da numfashi ya zo ƙarshe, sai leɓensa ya koma kan waƙar nan, da ita ya cika. Iya ta kai maganar wajen liman. Ya ce shi bai san wannan harshe ba, ta yi ta yi masa addu'a, ta daina rerawa. Addu'a kam ta yi, amma rerawa ba ta daina ba. Tsoronta ɗaya ne: kada ya zamo sunan wani gunki mijinta ya kira a ƙarshen rayuwarsa. Ita ba ta taɓa wuce Tudun Wada ba, shi ya sa take zuba waƙar a bakinmu, ko Allah zai kai ɗayanmu inda ake jin ta.

Ni Allah ya kai. A makarantar kwana ta 'yanmata muna da malamar lissafi 'yar Indiya, mai jan ɗigo a goshi, Madam kawai muke ce mata. Wata Asabar ina wanki a famfon bayan gidanta, bakin nan nawa da ba ya hutawa yana rera waƙar Iya, sai na ga ta fito da garin fulawa a hannu. Ta tambaye ni da Turanci inda na samo wannan. Na tsorata, na zaci laifi na yi.

Ta zaunar da ni a dandamalinta. Ta ce wannan ba Indiyancin fim ba ne, ba kuma yaren gidansu ba ne. Sanskirit ne, tsohon harshen da yawancin yarukansu suka fito daga cikinsa, wanda yanzu ba a cinikin tumatir da shi, sai a littattafai da bakin malamai. Mahaifinta ne masaninsa, ita tsintar kaɗan ta yi. Ta sa na yi ta maimaitawa a hankali, tana gyara mini lafazi, har rabin farko ya fito. Ta juya shi zuwa Turanci, ni kuma na juyo shi zuwa Hausa a zuciyata: baƙon da ya shayar da ni ɗan uwata ne, hanya ta mayar da shi ɗakin uwarsa.

Rabi na biyu ya gagara. Ta ce ya bi ta bakuna da yawa da ba su san shi ba, ya lashe kamar tsohon dutsen niƙa. Na yi ta maza na tambaye ta ko akwai sunan abin bautarsu a ciki.

Ta ce, "A wanda na ji, babu. A wanda ban ji ba, ba zan rantse miki ba. Mai mutuwa yakan kira Ubangijinsa, yakan kuma kira gidansu."

Da aka yi hutu na tarar da Iya a kwance kusa da murhu, ta rame ƙwarai. Tun a mota nake shawarar ko in ɓoye mata zancen rabi na biyu, amma Iya ba a yi mata ƙumbiya-ƙumbiya. Na faɗa mata duka.

Ta ce, "Sake faɗar na farkon."

Na sake.

"Ɗan uwata. Ashe addu'ar dawowa gida ya yi masa." Ta share ido da gefen zane. "Ya kuwa dawo. To sauran fa, mai baki?"

"Ya lashe, Iya. Ba mai iya fito da shi."

Can ta ce, "Wanda ya ji shahadarsa ya ji sauran. Shi ba ya neman tafinta." Ta ce in miƙo mata masara, ta ɗan ci. Ba ta ƙara yin tatsuniyar ba har ta rasu a lokacin kaka.

Na daɗe ina ganin darasin ke nan, cewa Iya ta samu natsuwa, magana ta ƙare. Sai da na haifi 'ya'ya, ɗaya ya tafi aiki nesa na soma kwana ina sauraron ƙarar mota, sannan maganar Madam ta ƙarshe ta dawo mini. Mai mutuwa yakan kira gidansu. Me zai sa mutum yana zubar da jini ya damƙe hannun baƙo, ya ƙi saki sai ya haddace? Addu'a ba ta bukatar a haddace ta. Saƙo ne ake haddacewa. Ta yiwu rabin nan sunansa ne da sunan garinsu, don a je a gaya wa wata uwa ta daina jiran ɗanta. Mu kuwa muka yi ta gasa masara a kansa har ya lashe. Abin yana damuna, kuma ban san wanda zan ba haƙuri ba.

Yanzu ni ce kaka. Daminar bana ruwa ya tsare jikokina a ɗakina, na yi musu ita, na rera rabin da na sani da rabin da ban sani ba, yadda aka ba ni. Da na yi shiru, ƙaramar cikinsu ta ja mini zane ta ce, "Kaka, ba ki rufe ba."

Na ce su tashi su kwanta. Ni kaina ban waiwaya na kalli ƙofa ba.